Diego de Landa (1524–1579): Mutumin da Ya Ƙone Littattafan Maya, Ya Kuma Bar Mabuɗin Karanta Su

Gabatarwa

Duk wanda ya shiga nazarin al'ummar Maya ta tsakiyar nahiyar Amurka, ko ta fuskar harshe ya shiga ko ta fuskar tonon kufai, ba zai yi nisa ba sai ya yi kiciɓis da sunan Diego de Landa. Wannan mutum fada ne na cocin Katolika, ɗan ɗarikar Faransiskan, wanda ya zauna a yankin Yukatan na ƙasar Meksiko ta yau a ƙarni na 16. Abu biyu ne suka hana sunansa ɓacewa, kuma kowanne kishiyar ɗan'uwansa ne. Na farko, shi ne ya sa aka tara littattafan Maya aka cinna musu wuta a garin Mani a shekarar 1562. Na biyu, shi ne ya bar bayanin da ya fi kowanne faɗi a kan rayuwar waɗannan mutane a lokacin zuwan Turawa, kuma a cikin bayanin nan ne aka sami ɗan shafin da ya zama mabuɗin karanta rubutunsu bayan kusan shekara 400. Wannan maƙala za ta bi rayuwarsa daki-daki, domin a ga cewa ilmin da ya tara da wutar da ya hura tushensu ɗaya ne, sa'an nan a ga ko wane ne ainihin mai mabuɗin da ake jingina masa.

Ƙasar da Ya Tarar

Kafin a shiga rayuwar Landa, ya kamata a san halin da mutanen Maya suke ciki a zamaninsa. Manyan biranensu na da, irin su Tikal da Palenke da Kopan, inda aka gina dalar duwatsu aka kuma sassaƙa tarihin sarakuna, sun zama kufai tun wajejen shekarar 900 Miladiyya. Daga baya ƙarfi ya koma arewa, zuwa Chichen Itza, sa'an nan Mayapan. Da Mayapan ta rushe a tsakiyar ƙarni na 15, sai Yukatan ta rarrabu zuwa ƙananan masarautu masu gaba da juna. Biyu daga cikin gidajen sarautar sun fi shahara, watau gidan Xiu na Mani da gidan Cocom na Sotuta, kuma tsakaninsu akwai jinin da bai bushe ba tun rushewar Mayapan.

Wannan rarrabuwa ta taimaki Sifaniyawa. Francisco de Montejo ya fara yaƙin cin ƙasar a 1527, amma sai a 1542 ɗansa ya kafa birnin Merida a kan kufan wani tsohon gari mai suna Tiho. Gidan Xiu ya bi Turawa, gidan Cocom kuwa ya daɗe yana turjiya. Duk da wannan hali, rubutun gargajiya yana nan da ransa a hannun malaman addininsu da wasu 'ya'yan sarauta. Suna yin takarda da ɓawon wani itace dangin ɓaure, su shafe ta da farar ƙasa, su ninke ta ninki-ninki, su rubuta lissafin kwanaki da tafiyar taurari da lokutan bukukuwa a ciki.

Haihuwarsa da Zuwansa Yukatan

An haifi Diego de Landa ran 12 ga Nuwamba, 1524, a garin Cifuentes da ke tsakiyar ƙasar Sifen, a gidan masu asali. Yana ɗan shekara 16 ko 17 ya shiga gidan ɗarikar Faransiskan da ke birnin Toledo. 'Yan wannan ɗarika sun ɗauki alkawarin zaman talauci, kuma a wancan zamani da yawansu suna ganin cewa Allah ya ɗora musu nauyin shigar da mutanen sabuwar nahiya cikin Kiristanci kafin tashin duniya.

Landa ya sauka Yukatan a 1549, yana da shekara 24, aka tura shi garin Izamal. Cikin ɗan lokaci ya iya harshen Maya na Yukatan ƙwarai, ya kuma riƙa yawo a ƙasa daga ƙauye zuwa ƙauye, har wuraren da sojan Sifen ba su gama mallakewa ba. A 1553 aka ba shi shugabancin gidan ɗarika na Izamal. A nan ne ya sa aka rushe saman wata babbar dala ta gargajiya, aka gina coci da gidan fada a kan dandamalinta da duwatsunta. Ginin yana nan tsaye har yau.

Ba za a yi wa tarihinsa adalci ba idan ba a ambaci cewa a waɗannan shekaru Landa ya tsaya wa talakawan Maya ba. Bayan cin ƙasar, an rarraba ƙauyuka ga Sifaniyawan da suka yi yaƙi, suna karɓar gandu da aikin tilas. 'Yan ɗarikar sun yi ta kai ƙarar waɗannan mutane ga hukuma, Landa kuwa yana cikin masu zafi a kansu, har ma daga baya ya rubuta irin ta'asar da sojan Sifen suka yi wa mata da yara lokacin yaƙi, bai ɓoye ba. Haka kuma sun buɗe makarantu inda aka koya wa 'ya'yan sarakuna karatu da rubutun harshensu da baƙaƙen Latin. Amma wannan kariya tana da sharaɗi. Landa ya ɗauki mutanen Maya a matsayin 'ya'yan da aka damƙa masa amanarsu, uba kuma a ganinsa yana da ikon hukunta ɗa yadda ya so.

A wannan lokaci ne ya shaƙu da wasu manyan Maya waɗanda suka buɗe masa sirrinsu. Ɗaya daga cikinsu shi ne Nachi Cocom, sarkin Sotuta, wanda ya nuna masa wani littafi da ya gada daga kakansa, ya kuma ba shi labarin mutanen da. Akwai kuma Gaspar Antonio Chi, ɗan gidan Xiu, wanda ya yi karatu a hannun 'yan ɗarikar ya zama tafinta. A 1561 aka zaɓi Landa shugaban ɗarikar na lardin baki ɗaya. Da yake babu bishop a ƙasar a lokacin, sai ya zama babu wani malamin coci da ke sama da shi.

Abin da Ya Faru a Mani

A watan Mayu na 1562 wasu samari biyu na garin Mani suka tarar da gumaka da ƙasusuwa a cikin wani kogo, da alamar ba a daɗe da yin hadaya a wurin ba. Labari ya kai ga fadan garin, daga nan ya kai ga Landa. Abin ya girgiza 'yan ɗarikar, domin mutanen Mani suna cikin waɗanda suka fara karɓar baftisma, su ne kuma ake alfahari da su. Landa ya ga an ci amanarsa, ya kuwa ɗauki mataki mai tsanani. Ya dogara da wata takardar izini da Paparoma Adrian na Shida ya bayar a 1522, wadda ta ba 'yan ɗarika ikon bishop a wuraren da babu bishop kusa. Babban alƙalin Sifen na lardin, Diego Quijada, ya mara masa baya da 'yan doka.

Kimanin wata uku aka yi ana kama mutane ana tuhumarsu. Akan ɗaure mutum a wuyan hannu a rataye shi, idan bai faɗi adadin gumakan da ake so ya faɗa ba a ɗaura masa duwatsu a ƙafa, a yi masa bulala, a ɗiga masa narkakken kaki a jiki. Binciken da hukumar Sifen ta sa aka yi a 1565 ya nuna an azabtar da mutum sama da 4,500, sama da 150 sun mutu a sanadin haka, aƙalla 13 kuma sun kashe kansu don tsoro. Saboda azaba, wasu sun riƙa ambaton gumakan da ba su da su, su tafi kufai su tono tsofaffi su kawo don a ƙyale su.

Ran 12 ga Yuli, 1562, aka yi babban taron hukunci a dandalin Mani. An yi wa masu laifi aski da bulala, an ci wasu tara, an yanke wa wasu shekarun bauta. A wannan rana aka ƙone gumaka masu ɗimbin yawa tare da littattafai. Landa da kansa ya rubuta daga baya cewa sun sami littattafai da yawa, sun ƙone su duka domin a ganinsa babu kome cikinsu sai camfi da ƙaryar Shaiɗan, ya kuma lura cewa abin ya baƙanta wa mutanen rai matuƙa. Lalle mutumin da Nachi Cocom ya taɓa nuna wa littafin kakansa ya san darajar abin da yake ƙonawa a wurin masu shi.

Daga Mani binciken ya wuce Sotuta da maƙwabtanta, inda aka sami iƙirarin cewa ana yanka yara hadaya har a cikin coci. Manazarta sun saɓa a kan wannan. France Scholes da Ralph Roys, a nazarinsu na 1938, sun karɓi iƙirarin a matsayin gaskiya. Inga Clendinnen kuwa, a littafinta na 1987, ta nuna shakka mai ƙarfi, domin magana ce da aka tatsa da azaba, kuma ta fito ne daidai lokacin da Landa yake neman hujjar kare kansa.

Shari'a a Sifen da Rubuta Littafi

Ana cikin haka, a watan Agusta na 1562, sai ga bishop na farko da ya zauna a Yukatan ya iso, watau Francisco de Toral. Shi ma ɗan ɗarikar Faransiskan ne, amma abin da ya tarar ya tayar masa da hankali. Ya hana azabtarwa, ya sassauta hukunce-hukunce, ya saki sarakunan da aka tsare, ya kuma rubuta wa Sarki Filibus na Biyu ƙarar Landa. A 1563 Landa ya ajiye muƙaminsa ya kama hanyar Sifen don ya kare kansa a gaban majalisar da ke kula da ƙasashen mallaka. Majalisar ta miƙa batun ga wani kwamitin malaman addini da na shari'a, a 1569 kuma aka wanke shi, bisa hujjar cewa takardar Paparoma ta ba shi ikon da ya yi aiki da shi.

A cikin wannan zaman jira ne, wajejen 1566, ya tsara bayanin da aka sani da suna Relación de las cosas de Yucatán, watau labarin al'amuran Yukatan. A ciki ya yi bayanin gidaje da abinci da noman masara, da aure da raɗin suna da jana'iza, da yaƙi da shari'a, da tsirrai da dabbobin ƙasar. Ya kwatanta gine-ginen Izamal da Tiho da Chichen Itza, har da zanen fasalinsu. Mafi muhimmanci, ya kawo sunayen kwanaki 20 da watanni 18 na kalandar Maya, kowanne da alamar da ake rubuta shi da ita, tare da bukukuwan kowane wata.

Za a iya tambaya, me ya sa mai ƙona littattafai ya ɗauki wannan wahala? Amsar tana fitowa idan aka dubi takwaransa Bernardino de Sahagún, wanda ya yi aiki a tsakanin Aztek, maƙwabtan Maya ta yamma, ya tattara al'adunsu a littafi 12 cikin harshensu na Nahuwatil. Sahagún ya kwatanta aikinsa da na likita, wanda ba ya iya magance cuta sai ya san asalinta. Haka Landa ya ɗauki al'adun Maya. Ya koyi kalandarsu ne domin fada ya gane ranar da mutane za su saci jiki su tafi bukin gargajiya. Sanin da ya yi musu shi ne makaminsa a Mani, shi ne kuma abin da ya zuba a takarda a Sifen.

Komawarsa da Mutuwarsa

Bishop Toral ya mutu a 1571, sai Sarki Filibus ya zaɓi Landa ya gaje shi. A 1573 ya koma Yukatan a matsayin bishop, a ƙasar da ya bari yana abin tuhuma shekara goma da suka wuce. Halinsa bai sake ba. Ya ci gaba da jayayya da gwamnoni a kan aikin tilas da ake sa talakawa, ya kuma ci gaba da farautar masu bin addinin gargajiya. Ya mutu a Merida ran 29 ga Afrilu, 1579, yana da shekara 54.

Ba Landa kaɗai ne ya kashe rubutun Maya ba. An ci gaba da ƙwace littattafai bayansa, kuma masarautar Maya ta ƙarshe mai cin gashin kanta, wadda ke tsibirin tafkin Peten Itza a ƙasar Gwatamala ta yau, ba ta faɗi ba sai a 1697. Bayan haka masu iya karanta alamomin suka ƙare. Littafi huɗu kacal suka tsira: uku suna Dresden da Madrid da Paris, na huɗun yana Meksiko, inda hukumar kula da kayan tarihi ta tabbatar da sahihancinsa a 2018.

Littafin a Hannun Manazarta

Ainihin rubutun hannun Landa ya ɓata. Abin da ya rage shi ne wani taƙaitaccen kwafi da wani fada Bafaranshe, Brasseur de Bourbourg, ya gano a ɗakin karatu na cibiyar tarihi ta Madrid a 1862, ya buga shi a Paris a 1864. Nazarin da Matthew Restall da John Chuchiak suka fitar a 2002 ya nuna cewa kwafin tsince-tsince ne da magatakarda daban-daban suka kwafa daga takardun Landa a lokuta daban-daban, don haka tilas a yi hattara da tsarinsa.

Duk da haka amfaninsa ya bayyana nan da nan. Da alamomin kwanaki da watanni da Landa ya kawo, Ernst Förstemann, mai kula da ɗakin karatu na Dresden, ya warware lissafin da ke cikin littafin Maya na garin tun daga shekarun 1880, har da jadawalin tauraruwar Zara. Landa ya kuma nuna ranar da shekarar Maya ta fara a zamaninsa bisa kalandar Turawa, watau 16 ga Yuli, wannan kuwa yana cikin hujjojin da aka yi amfani da su wajen daidaita kalandar biyu, har aka san shekarun da aka kafa duwatsun Tikal da Kopan. A fannin tono kuma, ya ba da labarin wata babbar rijiya ta halitta a Chichen Itza wadda ake jefa mutane da dukiya ciki don neman ruwan sama. Da Edward Thompson ya fara yashe rijiyar a 1904, sai ya fito da zinariya da koren dutse mai daraja da turaren ƙaro da ƙasusuwan mutane.

Abajadar Landa

Shafi ɗaya ne ya gagari masana, watau wanda Landa ya jera alamomi kusan 30 ya ce su ne abajadar Maya. A nan A tana da alama uku, B tana da biyu, kuma duk wanda ya gwada karanta littattafan da su baƙi-baƙi sai ya tashi da shirme. A 1880 Philipp Valentini ya ce abajadar ƙirƙirar Sifaniyawa ce kawai. Eric Thompson na Ingila, wanda ya fi kowa faɗa a ji a wannan fanni har mutuwarsa a 1975, ya tsaya a kan cewa alamomin ma'ana suke nunawa, ba su da alaƙa mai ƙarfi da sauti.

Wanda ya gano bakin zaren shi ne Yuri Knorozov, wani masanin harshe na Tarayyar Sobiyet, a maƙalar da ya buga a 1952, tun bai taɓa taka ƙasar Maya ba. Ya lura cewa alamomin rubutun sun kai ɗaruruwa, sun yi wa abajada yawa, sun kuma yi kaɗan a ce kowace kalma da tata. Ashe rubutun gauraye ne, wasu alamomi na kalma sukutum, wasu na gaɓa, watau baƙi da wasali a haɗe. Daga nan ya fahimci abin da ya faru tsakanin Landa da magatakardan da ya zauna da shi. Landa yana kiran sunan harafi da Sifaniyanci, shi kuwa magatakarda yana rubuta sautin da kunnensa ya ji. Kamar a ce wa wanda bai san ajami ba ya rubuta lam ko jim, sai ya rubuta sunan harafin duka maimakon sautinsa. Da Landa ya kira harafin B, wanda Sifaniyawa ke ce wa be, sai magatakarda ya zana sawun ƙafa a kan hanya, domin be ita ce hanya a harshensa. Da aka nemi ya rubuta kalmar le, watau zarge, Landa ya tsinka ta harafi-harafi sa'an nan ya faɗe ta, sai mutumin ya rubuta duk abin da ya ji, ya fito da alama huɗu. Da aka ce ya rubuta jimlar da ya ga dama, sai ya rubuta wadda ke nufin ba ya so.

Knorozov ya gwada wannan fahimta a kan littattafan da suka tsira. Kusa da hoton talo-talo ya sami alama biyu, ta farko ita ce ku ta Landa. Sunan talo-talo a harshen Yukatan kutz ne, don haka ta biyu tzu ce, an bar wasalin ƙarshe ba a furta shi. Sai ga wannan tzu a farkon wata kalma kusa da hoton kare, tana biye da alamar da Landa ya ba harafin L, kuma tsofaffin ƙamusoshi sun nuna tzul kare ne. A 1960 Tatiana Proskouriakoff ta tabbatar daga duwatsun Piedras Negras cewa rubutun tarihin sarakuna ne, haihuwarsu da hawansu gado da mutuwarsu. A taron Palenke na 1973 aka jera sarakunan garin, har da Pakal wanda ya yi mulki daga 615 zuwa 683. A shekarun 1980 David Stuart ya karanta kalmar kakaw, watau koko, a jikin wata tukunya da aka tono a Rio Azul, gwajin kimiyya kuma ya nuna ragowar koko a cikinta. Alamar ka da ke cikin kalmar tana nan a shafin Landa. A yau ana karanta mafi yawan rubutun Maya.

Kammalawa

An ga yadda Diego de Landa ya koyi harshen Maya, ya kare talakawansu daga zaluncin 'yan'uwansa, ya sami amincewar manyansu, sa'an nan ya juya wannan sani ya zama bulala da wuta a kansu. Abin da ya rubuta bai biya abin da ya ƙone ba, domin ruwa in ya zube ba ya kwasuwa, kuma babu wanda zai sake karanta abin da ke cikin littattafan Mani. Game da abajadar kuwa, Landa bai fahimci abin da aka rubuta masa ba, har ya ɗauka tsarin rubutun ne yake da nauyi da wahala. Abin yabo ɗaya da ya yi shi ne ya kwafe amsar yadda aka ba shi, bai gyara ta don ta dace da tunaninsa ba. Wannan darasi ne ga duk ɗalibin da zai fita neman bayani daga bakin masu harshe ko masu al'ada: abin da ya yi kama da kuskuren mai ba da bayani, sau da yawa kuskuren mai tambaya ne. Shafin yana ɗauke da sunan Landa, amma ilmin da ke cikinsa na wani magatakardan Maya ne wanda Landa bai rubuta sunansa a wurin ba, wanda ya amsa tambayar da ba ta da kai da iyakar gaskiyarsa, kuma da amsar tasa ce jikokinsa suke karanta sunayen sarakunansu a yau.